Muhawara: Faransa ce ta riga Ingila ba talaka ƙuri'a?

Mushe Laminu, Maraɗi: Salamu alaikum 'yan zaure. Jiya da dare Malam Sabo ya ce wai mu mutanen Nijar ba mu san siyasa ba sai da muka leƙa Kano muka koyo. Na kwana da maganar nan a raina. To ga tawa, kowa ya ɗora a sikeli: a zamanin Nasara, Faransa ta riga Ingila ba talakan ƙasar Hausa 'yancin ƙuri'a, kuma abin da ta bayar ya fi na Ingila yawa. A watan Nuwamba na 1946 aka zaɓi Diori Hamani dipite, ya tafi Paris ya zauna majalisa ɗaya da Faransawa, ƙuri'arsa daidai da ta kowane Bafaranshe a zauren. A gaya mini ɗan Nijeriya ɗaya da aka taɓa zaɓa daga Kano ko Legas ya je ya wakilce ku a majalisar Landan. Sannan ranar 23 ga Yuni 1956 aka yi dokar nan ta Gaston Defferre, ta ce duk baligi, mace da namiji, mai lakwal da wanda bai taɓa riƙe alli ba, kowa ƙuri'a ɗaya. Da ita aka yi zaɓen 31 ga Maris 1957. Kakata ta wajen uwa ta fita ta jefa ƙuri'a a ranar. Ƙanwarta, uwa ɗaya uba ɗaya, da aka kai aure Jibiya, ba ta ga akwatin zaɓe ba sai 1979. Shekara 22 tsakanin ya da ƙanwa, ga shi tafiyar ba ta kai ta yini guda ba.

Malam Sabo, Fagge: Wa alaikumus salam. Mushe, wasa na yi jiya, ashe ka tafi gida ka wasa wuƙa. To tunda lissafin shekara kake so, mu 1923 muka fara zaɓe. Lokacin Diori ko lakwal ɗin bai gama ba.

Nura, Kaduna: Baba Sabo, a yi mini afuwa, wannan "mu" ɗin tana buƙatar gyara. Gaskiya ne tsarin mulkin Gwamna Clifford na 1922 ya kawo zaɓe, an kuma yi shi a 1923. Amma kujeru huɗu ne kacal a majalisa mai mutum 46: uku na Legas, ɗaya ta Kalaba. Kafin ka yi zaɓe sai ka kasance namiji, ka shekara guda a garin, kuma kana samun fam 100 a shekara. Fam ɗari a 1923! Akawu nawa ne ma ke ganin wannan kuɗin, balle ɗan dako? Jam'iyyar Herbert Macaulay ta kwashe ukun Legas. Arewa kuwa majalisar ba ta ma da hurumin yi mata doka, Gwamna ne ke zama shi kaɗai ya rattaba hannu, a aiko wa Razdan, Razdan ya kai wa Sarki. Sai da tsarin Richards ya fara aiki a 1947 'yan Arewa irin su Abubakar Tafawa Ɓalewa suka shiga majalisar Legas, su ma ba talaka ne ya zaɓe su ba, ta hannun En'e suka bi.

Malam Sabo, Fagge: Kai Nura, ɗan wa kake ne? Ana faɗa da baƙo kai kana riƙe mini hannu.

Nura, Kaduna: Naka ne Baba. Gudu nake kada Mushe ya riga ni faɗa, ya fi ciwo.

Isuhu, Damagaram: Ku bar Mushe da ni, na gida shi ya san inda ɗaki ke yoyo. Mushe, ka faɗi 1946 ka yi tsalle ka dira 1956 kamar babu komai a tsakani. Su wa suka zaɓi Diori a 1946? Dokar zaɓen wannan shekarar jerin sunaye ce: sarakuna da manyan gari, ma'aikatan bariki, tsofaffin sojan Faransi, 'yan kasuwa masu takardar fatanti, mai permin tuƙin mota, mai takardar izinin bindigar farauta. Manomin da ke biyan lanho, wato haraji, duk shekara, wanda har farkon shekarar nan ake kamawa a kai aikin tilas, ba ya ciki. Sannan majalisar ƙasa da aka kafa a Yamai akwati biyu aka yi mata. Kujeru 30: goma na masu takardar zama Bafaranshe, waɗanda ba su cika kasuwar ƙauye ɗaya ba, ashirin na sauran jama'ar Nijar kaf. Wannan shi ne rabon da kake yabo?

Mushe Laminu, Maraɗi: Ban ce an fara da cikakke ba Isuhu. Na ce an riga, kuma an ci gaba da buɗe ƙofa. A 1951 an ƙara masu gida da ke biyan lanho, an ƙara da mata.

Hajiya Rabi, Zariya: Waɗanne matan, Mushe? Ƙarasa mana.

Mushe Laminu, Maraɗi: Matan da suka haifi 'ya'ya biyu, Hajiya. Dokar ta ce 'ya'yan suna raye, ko kuwa sun mutu a bautar Faransa.

Hajiya Rabi, Zariya: Ikon Allah. Wato wadda Allah bai ba haihuwa ba, da wadda ƙyanda ta kwashe mata 'ya'ya, ba mutane ba ne. Ba matar aka ba ƙuri'a ba, mahaifarta aka ba, don ta haifa musu soja. Amma ba zan tsaya nan ba, don in na fara jifa gidanmu zan fara jefa. Ku gama tukuna.

Malam Sabo, Fagge: Bari in yi maganar gaske yanzu. Abin da ya sa na ce an koyi siyasa a Kano ba takardar Bature nake nufi ba. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, tela ne, kuma ɗan NEPU ne, jam'iyyar su Malam Aminu Kano, tun ana 'yan kaɗan. An kafa ta ranar 8 ga Agusta 1950. Da aka zo zaɓen 1951 ƙarƙashin tsarin Macpherson, ku ji yadda aka gina shi. Mai biyan haraji, namiji, zai zaɓi wakili a unguwarsa ko ƙauyensa. Waɗannan wakilan su taru su zaɓi na gunduma, na gunduma su zaɓi na gaba, a haka hawa-hawa har a kai taron ƙarshe na lardi, wanda shi ne zai fitar da 'yan majalisar Kaduna. Su kuma na Kaduna su zaɓi waɗanda za su tafi Legas daga cikinsu. Kamar tankaɗen gari ne, kowane hawa rariyar ta fi ta baya ƙanƙantar ido. A matakin farko NEPU ta ba kowa mamaki a cikin birnin Kano, teloli da 'yan koli suka ka da manyan ma'aikatan En'e. Sai ga wata ƙofa da aka bari ta baya: an yarje wa En'e ta cusa mutanenta, kashi goma cikin ɗari, kai tsaye cikin taron ƙarshe. Wanda talaka ya kayar da safe sai ya dawo da yamma ta wannan ƙofar, ya zauna cikin masu zaɓe, har a zaɓe shi. Da aka gama tankaɗe, ko ɗan NEPU ɗaya bai kai Kaduna daga Kano ba. Mahaifina ya ce ranar ce ya gane ƙuri'a daban, mulki daban. Amma ba su koma gida sun kwanta ba. An ɗaure su a kotun alƙali, an yi musu bulala, an sa 'yan mahaukata sun fasa musu taro, suna nan. Shi kansa wata uku ya yi a gidan yari saboda ya yi lacca ba izini. Wannan ce siyasar da nake cewa, Mushe, kuma sunan Sawaba, jam'iyyar Djibo Bakary ta Nijar, da Isuhu ke taƙama da shi, a bakin 'yan NEPU aka fara jin sa.

Isuhu, Damagaram: Kalmar Hausa ce Malam, ba a Fagge aka ƙera ta ba. Amma na yarda kun riga mu ɗaga ta a tuta. Kuma da aka kore mu, Kano muka gudo, 'yan NEPU suka ba iyayenmu masauki. Wannan ba ma mantawa, duk da dai kakanninmu sun taɓa zuwa Kano ba da sallama ba.

Malam Sabo, Fagge: Suka kuma koma ba su shiga birni ba. A bar kaza cikin gashinta.

Yarima Bello, Sakkwato: Allah ya gafarta Malam, na saurara har ka kai aya. Ina da ja. Ana ba da labarin nan kullum kamar Bature da sarakuna sun haɗa baki kawai don su danne talaka. A duba halin da ake ciki mana. A 1951 mutum nawa ne a lardi guda ke iya karanta takardar zaɓe da boko? Ina hanyoyin mota, ina ma'aikatan da za su yi rajistar miliyoyin mutane? Zaɓe hawa-hawa shi ne abin da ƙasa za ta iya ɗauka a lokacin. Kuma waɗannan sarakunan da ake zagi, su ne a taron Badun na 1950 suka tsaya kai da fata, Sarkin Zazzau da Sarkin Katsina, suka ce ko a ba Arewa rabin kujerun majalisar tsakiya ko kowa ya kama gabansa. Aka bayar: 68 cikin 136. Da ba su yi haka ba, da 'yan bokon Kudu sun raba ƙasar nan tsakaninsu tun kafin mu farka. Tafawa Ɓalewa da kansa, a watan Agusta na 1950, ya tashi a majalisar Kaduna ya nemi a gyara tsarin En'e, a gaban sarakuna. Gyara a hankali suka zaɓa. A 1956 aka fara zaɓe kai tsaye a wasu manyan garuruwa, a 1959 aka yi shi ko'ina, a asirce. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Malam Sabo, Fagge: Ranka ya daɗe, rashin hanyar mota ne ya sa aka cusa kashi goma? A birnin Kano aka yi abin nan, inda daga Fagge zuwa gidan Sarki tafiyar ƙafa ce.

Yarima Bello, Sakkwato: An yi shi ne don kada majalisa ta rasa mutanen da suka san aikin mulki. Ba na cewa babu son kai a ciki.

Nura, Kaduna: Abin da zan ƙara a kan 1959, don Mushe ya san ba a banza Yarima ke magana ba. Ranar 12 ga Disamba aka yi shi, kujeru 312, Arewa na da 174. Kowace jam'iyya da akwatinta da alamarta a cikin ɗaki, ka shiga kai kaɗai ka jefa: fartanya ta NPC ta su Sardauna, tauraro na NEPU, zakara na NCNC ta su Azikiwe. NPC ta sami 134, NCNC da NEPU 89, takwas daga ciki na NEPU ne, Action Group ta Awolowo 73, har da kujeru 25 a cikin Arewa. Malam Aminu Kano ya ci kujerarsa ta Kano ta Gabas. Awolowo ya yi ta yawo da jirgi mai saukar ungulu yana sauka a garuruwan Arewa, abin da ya tilasta wa Sardauna da hakimai fita ƙauye-ƙauye neman ƙuri'ar talaka, abin da ba a saba gani ba. An yi danniya, an hana 'yan adawa izinin taro a wurare da yawa, amma 'yan adawa sun shiga majalisa sun zauna. Mushe, a Disamban 1959 ina 'yan adawar Nijar suke?

Isuhu, Damagaram: Yauwa Nura, ka taɓo inda ke mini ƙaiƙayi. Ni zan amsa, don Mushe ba zai so ba. Suna kurkuku, ko suna gudun hijira. Ku bi ni a hankali. Zaɓen Maris 1957 da Mushe ke alfahari da shi, ɓangaren Djibo Bakary ne ya ci, kujeru 41 cikin 60, PPN ta su Diori 19. Djibo ya riga ya zama magajin garin Yamai tun ƙarshen 1956, yanzu kuma ya zama shugaban gwamnati a ƙarƙashin gwamna. Sai De Gaulle ya kawo zaɓen raba-gardama na 28 ga Satumba 1958: Wi, a zauna cikin tarayya da Faransa, No, a ɗauki 'yanci nan take. Djibo ya ce No, kamar Seku Ture a Gini. Ana saura 'yan makonni aka turo sabon gwamna, Colombani. Aka kira sarakunan kanto ɗaya bayan ɗaya aka nuna musu inda rawaninsu yake rataye. Waɗanda suka bi Djibo a 1957 suka juya masa baya. Motocin soja suka riƙa zagaya ƙauyuka. Da aka ƙidaya, Wi ta sami kusan kashi 78, kuma cikin waɗanda ke da rajista ko kashi 40 ba su fito ba. Gwamnatin da ke da kujeru 41 a bara, bana ta kasa kawo kashi ɗaya cikin huɗu? Djibo ya sauka a Oktoba, aka rushe majalisa, aka sake zaɓe a Disamba, 'yan kujerun da Sawaba ta samu ma aka soke su. Oktoban 1959 aka haramta jam'iyyar ɗungurungum. Daga nan har sojoji suka kifar da Diori a Afrilun 1974, takarda ɗaya ake miƙa wa mutum ya sa a ambulan. To Mushe, wannan ƙuri'ar da Faransa ta bayar, wata goma sha takwas ta yi a hannun talaka. Ranar da ya nemi ya yi amfani da ita a kan Faransa, ranar aka karɓe. Kuma ba a kanmu aka fara ba, a tambayi Aljeriya yadda Gwamna Naegelen ya murɗe zaɓen 1948. Ina da tambaya ɗaya: kakarka da ta yi zaɓe a 1957, me ta jefa a 1958, Wi ko No?

Mushe Laminu, Maraɗi: Isuhu, kai jikan 'yan raƙumi ne, su Djibo, ni jikan 'yan giwa, su Diori, wannan faɗan ba yau aka fara ba. Ba duk wanda ya ce Wi aka tilasta ba. Akwai masu tsoron abin da ya sami Gini, inda Faransawa suka kwashe komai suka tafi. Akwai mutanen yamma da ke tsoron Djibo zai haɗa ƙasar da Nijeriya. Kuma Djibo da kansa ya taɓa sarakuna tun yana kan mulki, ya tuɓe wasu, ba Colombani ne ya fara ɓata tsakaninsu ba.

Isuhu, Damagaram: Abin da ya sami Gini bayan zaɓe ya faru, ba kafinsa ba. Ban ji amsar tambayata ba.

Mushe Laminu, Maraɗi: Ta rasu tun ina ƙaramin malami. Innata na nan da rai, zan kira ta.

Hajiya Rabi, Zariya: Kafin Mushe ya dawo, bari in sauke nawa kayan. Yarima, ranka ya daɗe, da kai nake. Ka ce a 1959 an yi zaɓe ko'ina. Nura ma ya ce "ka shiga kai kaɗai ka jefa". Wa ya shiga? Maza. Matan Gabas sun yi zaɓe tun 1954. A 1959 matan Yamma da na Legas duk sun fita. Mu kaɗai aka ce mu zauna a gida. Ƙasa ɗaya, Gwamna-Janar ɗaya, rana ɗaya. To in Ingila ce ta hana, me ya sa ba ta hana matar Inugu ba? Shugabanninmu ne suka je taron tsarin mulki a Landan suka ce lokaci bai yi ba, al'adarmu ba ta yarda ba, Bature kuma ya ce to, tunda shi abin da zai sa ya sauka lafiya yake nema. Abin da ya fi ci mini rai shi ne lissafin kujerun. Waɗannan 174 ɗin da yawan jama'a aka raba su, bisa ƙidayar 1952. Da aka zo ƙidaya an ƙirga uwata, an ƙirga kakata, an ƙirga kowace mace da ke cikin kulle. Da kawunansu aka karɓo kujerun, sannan aka ce ba su da hankalin zaɓen wanda zai hau. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Hajiya Gambo Sawaba 'yar garinmu ta yi ta faɗar wannan a bainar jama'a, aka yi ta ɗaure ta, aka kore ta daga Kano. Turawa suka tafi a 1960, aka yi Jamhuriya ta farko har ta faɗi a 1966, ba a ba mu ba. Sai gwamnatin soja a 1976, waɗanda su ba zaɓensu aka yi ba. Babban zaɓen farko da muka shiga shi ne na 1979. Ina 'yar budurwa na raka mahaifiyata, layin mata ya fi na maza tsawo a unguwarmu, ba wanda sama ta faɗo masa a ka.

Yarima Bello, Sakkwato: Hajiya, Allah ya ba ki haƙuri. Ba na kare abin, ina bayyana shi ne. A lokacin malamai da yawa ba su yarda ba, kuma ana tsoron mai mata huɗu zai tashi da ƙuri'a biyar. Ingila ita kanta sai 1928 ta daidaita mata da maza, Faransa sai 1944.

Hajiya Rabi, Zariya: Hakimi mai ƙauye arba'in ƙuri'a nawa yake tashi da ita? An hana maza zaɓe saboda shi? Batun malamai kuma, Maraɗi ba Musulmi ba ne? Gidan sarautar Maraɗi ba daga Katsina ya fito ba? Malaman can wane littafi suka karanta da namu ba su karanta ba?

Malam Sabo, Fagge: Zazzagawa in suka kama gaskiya ba sa saki. Amma Hajiya a rubuta cewa NEPU ta nemi a ba mata ƙuri'a tun farko.

Hajiya Rabi, Zariya: An rubuta Malam. A kuma rubuta cewa 'yan NEPU da yawa sun yi ta tafa wa Gambo a dandali, matansu na gida a kulle.

Aishatu, Mubi: Ina ta karantawa ban sa baki ba, amma Hajiya akwai abin da zai ƙara miki haushi. Mu nan ba mulkin mallaka kai tsaye aka yi mana ba, yankin amana ne na Majalisar Ɗinkin Duniya, Ingila ce ke riƙe da shi tun da aka karɓe daga Jamus. An yi mana zaɓen raba-gardama sau biyu. Na Nuwamba 1959 maza kaɗai suka yi, suka ce a ɗage maganar zuwa gaba. Da za a yi na biyu a Fabrairun 1961, Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce sai dai kowane baligi ya yi, mace da namiji. Aka yi wa mata rajista a Mubi, a Gwoza, a Dikwa, a Ganye, suka fita suka jefa. Kusan kashi 60 suka zaɓi Nijeriya a kan Kamaru. Ranar 1 ga Yuni 1961 muka shiga, aka sa mana suna Lardin Sardauna. Goggon babana tana cikin waɗanda suka jefa wa Nijeriya. Da zaɓen 1964 ya zo aka ce mata ai ita yanzu 'yar Jihar Arewa ce, mata ba sa zaɓe. Har ta rasu tana ba da labarin nan tana dariya, wai da hannunta ta jefa ƙuri'ar da ta ƙwace mata ƙuri'a.

Hajiya Rabi, Zariya: Innalillahi. Yarima ka ji? Lokacin da ake neman ƙasa, ƙuri'ar mace ta halatta.

Yarima Bello, Sakkwato: Na ji Hajiya. Wannan ba ni da amsarsa.

Alhaji Tanko, Kumasi: Gaisuwa daga zango. Ni dai abin da zan ce wa Mushe, kada ya auna Ingila da Arewacin Nijeriya kaɗai. Nan ma Ingila ce. A Fabrairun 1951 Nkrumah na cikin kurkukun James Fort aka zaɓe shi a Ankara, Gwamna ya buɗe ƙofa ya fito da shi ya ba shi gwamnati. A 1954 duk kujeru 104 kai tsaye aka zaɓe su, har da arewacin ƙasar, mata na zaɓe, har mace ta ci kujera, Mabel Dove. Shekara biyu ke nan kafin dokar Defferre. To ka ga ko a lissafin shekara ba ka ci ba, in dai Hausawan zango na cikin talakan da kake nufi. Amma mu ma kada a ɗauka daɗi muka sha. Iyayenmu sun shiga jam'iyyar Musulmi ta MAP, suka yi adawa da CPP ta Nkrumah. Ana samun 'yanci a 1957 aka kori Alhaji Amadu Baba, Sarkin Zangon Kumasi, aka ce ba ɗan ƙasa ba ne, aka kuma yi dokar hana jam'iyyar addini ko ta yanki.

Nura, Kaduna: Kuma Mushe, zancen zama a Paris da ka buɗe da shi, hanya ce daban ba fifiko ba. Faransa na cewa ku zo ku zama mu, shi ya sa tun 1914 Blaise Diagne ya tafi majalisarsu daga Senegal, Houphouët ya zama minista, Diori ma ya kai mataimakin shugaban majalisar. Amma dipite biyu Nijar duka take da su a cikin ɗaruruwa. Da an raba kujerun da yawan jama'a kamar yadda ake yi wa lardunan Faransa, da 'yan mulkin mallaka sun cika zauren, kuma sun san haka. Ingila ba ta taɓa gayyatar 'yan Afirka su zauna majalisar Landan ba, ta ce ku yi taku majalisar a gida, Gwamna na riƙe da linzami.

Mushe Laminu, Maraɗi: Na dawo. Alhaji Tanko, na karɓi gyara, in an sa zango a lissafi Kumasi ta riga mu. Ni tsakanin Maraɗi da Katsina nake aunawa, kuma a nan ina kan bakana: matar Maraɗi ta riga matar Katsina, Hajiya ma shaida ce. Isuhu, na sami Inna. Sai da na yi ta maimaita tambayar, kunnen ya yi nauyi. Ta ce na 1957 tana tunawa sarai, don ita ta riƙe wa tsohuwa jariri a bakin lakwal ɗin da aka yi zaɓen, kuma takardar 'yan Djibo ta jefa, ba ta giwa ba. Ashe duk shekarun nan gidanmu ba su san an yi musu ɓaraka a cikin ɗaki ba. Na Wi da No kuwa, ta ce ana gobe zaɓe da almuru yaron mai gari ya bi gida-gida ya karɓi katin kowa, ya ce an hutar da su, mai gari zai kai musu. Tsohuwa ba ta fita ba, ba kuma wanda ya fita a gidan. Bayan kwana biyu aka yi shela cewa garinsu kaf Wi ya ce.

Isuhu, Damagaram: Allah ya jiƙan tsohuwa, ashe tamu ce. Ka gaida mini Inna, ka ce jikan 'yan raƙumi zai zo gaisuwa da goro.

Hajiya Rabi, Zariya: Mushe, in ka sake kiranta ka tambaye ta ko an dawo musu da katin.